Kada Ka Aje Alli Tukuna, Raƙumin Bai Isa Kasuwa Ba

Wasiƙar wannan mako daga Mabera ta fito, nan cikin Sakkwato. Na taƙaita ta, na kuma cire sunaye kamar yadda muka saba.

"Assalamu alaikum Kawu. Ni malami ne a wata firamare mai zaman kanta, shekarata 27. Tun ina sakandare nake rubuta labaran ban dariya. Bara ni da wani abokina da ya iya zane a waya muka fara katun na wani raƙumi mai jin haushin 'yan kabu-kabu don sun ƙwace masa sana'a. Ni ke rubutawa, ni ke muryar raƙumin, shi ke zanawa. Mun saki kashi huɗu, mutane sun so shi, har wani mai shagon waya ya biya naira dubu 30 aka sa tallarsa. Abokina ya ba ni dubu uku in sa data. Shafin da sunansa yake, nawa bai fito ko'ina ba. Baba ya ce zane haramun ne, barkwanci kuma aikin marasa kunya. Kawun yarinyar da nake nema ya tambayi sana'ata, na ce koyarwa, sai na ji kamar na yi ƙarya. Burina in zama marubucin katun na talabijin irin na Amurka. Ina so in aje koyarwa, in sai da mashin ɗina, in tafi Kano ko Legas. Ga rubutun kashi na biyar nan na haɗo maka. Mi kag gani?"

Wa alaikumus salam, ɗana.

Bari in fara da takardun da ka haɗo, domin su ne suka sa na ɗauki wasiƙarka na bar wasu guda bakwai suna jira. Na karanta sau biyu. Na farko a zuci, na biyu a bayyane, bayan sallar isha'i, gaban gwaggonka da jikokinmu biyu. Shafi shida ka rubuto. An yi dariya sau ɗaya. Amma dariyar ta gaske ce, irin wadda ke sa mutum ya aje kofin da ke hannunsa.

Ga wurin. Layin mai ya miƙe tun daga gidan mai har bakin titi, rana ta take, 'yan kabu-kabu sun jingina da mashinansu suna fifita da hula. Raƙumi ya zo wucewa, ya tsaya yana tuƙa, yana kallonsu. Ɗaya daga cikinsu ya fusata ya ce, "Kai, mi kaka kallo?" Raƙumi ya ci gaba da tuƙa, ya ɗan jima, sannan ya ce, "Ni tun Laraba nis sha nawa."

Nan gwaggonka ta ƙyalƙyale. To me ka yi bayan nan? Ka sa raƙumin ya ƙara layi huɗu yana bayanin cewa shi Allah ya yi shi da juriyar ƙishirwa, ba ya buƙatar fetur, kuma tun da aka cire tallafin mai a 2023 shi bai san an yi ba. Ina cikin karanta waɗannan layuka huɗu na ga dariyar tana tsanewa a fuskarsu kamar ruwan da aka zuba a rairayi. Sun riga sun gane. Ka ba su goro, sannan ka tsaya kana tauna musu. Soke layukan nan. Raƙumi ya faɗi maganarsa, ya ci gaba da tuƙa, ya wuce a hankali, a bar ɗan kabu-kabu da buɗaɗɗen baki. Shi ke nan fitowar ta ƙare.

Na tsaya a kan wannan ne don ka ga sana'ar da kake cewa kana so da idonka. Ita ce wannan: ka rubuta shafi shida, ka gano layi ɗaya ne mai rai, ka zubar da saura ba tare da ka yi musu kuka ba, ka koma ka nemo wasu layukan da za su iya zama kusa da shi ba su ji kunya ba. Kunne kana da shi. Wanda ya ji cewa "nis sha nawa" ta fi "na sha nawa" daɗi a bakin wannan raƙumi, Allah ya ba shi abin da ba a koyarwa. Abin da ba ka da shi tukuna shi ne wuƙa.

Ka ce irin na Amurka. To mu leƙa can mu ga yadda abin yake, don na lura matasa da yawa suna zaton marubucin katun wani mutum ne da ke zaune shi kaɗai, ilhama na sauko masa, dala na shiga asusunsa. Ɗauki shirin katun na The Simpsons, wanda ya fara a matsayin 'yan gajerun fitowa cikin shirin wata mata a 1987, ya zama shiri mai cin gashin kansa a Disambar 1989, kuma har yau ana yin sa. Kowane kashi minti 22 ne ko kusa da haka, amma yakan ci wata shida zuwa tara kafin ya fito. Mutum ɗaya ake ba labarin ya je ya rubuto. Idan ya kawo, sai a zauna a ɗaki, marubuta goma ko fiye, a bi rubutun layi-layi, kowa na jefa tasa, a cire wannan a sa wancan. Daga nan masu murya su zauna a teburi su karanta a bayyane, ana lura da inda aka yi dariya da inda aka yi tsit. Duk inda aka yi tsit, a koma ɗaki. A ɗauki murya, a yi zanen gwaji mara launi, a kalla, a sake gyara. Shekaru da dama ma a Koriya ta Kudu ake ƙarasa zanen a dawo da shi. Kafin kashin ya kai ga mai kallo, wanda sunansa ke jiki yakan nemi rabin layukansa ya rasa.

Wanda ya fi kowa yawan rubutu a wannan shiri, John Swartzwelder, kashi 59 ya rubuta. Kafin nan shekaru ya yi yana rubuta tallace-tallace a Shikago. Da aka yi hira da shi a 2021, bayan ya daɗe yana gudun 'yan jarida, ya bayyana dabararsa: tun da rubutun farko ne mai wuya, gyara kuwa mai sauƙi ne, sai ya zauna rana ɗaya ya zubo rubutun gaba ɗaya komai muninsa, washegari ya tashi ya tarar da aikin gyara kawai ke gabansa. Conan O'Brien, wanda daga baya ya yi suna da shirinsa na dare, ya fara ne da mujallar barkwanci ta ɗalibai a jami'a, ya yi shekaru yana rubuta wa wasu shirye-shirye, sannan ya shiga ɗakin Simpsons daga 1991 zuwa 1993. Babu ɗayansu da ya sai da mashin ya shiga mota. Kowannensu yana da abin da yake ci da shi, da tarin rubutun da zai nuna, kafin ƙofa ta buɗe.

Kuma kada ka zaci can ɗin aljanna ce. A 2023 marubutan fim da talabijin na Amurka sun yi yajin aiki na kwana 148, daga Mayu zuwa Satumba, a kan ƙarancin abin da ake biyan su tun da kallo ya koma intanet, da kuma tsoron a maye gurbinsu da na'ura. Su da ke da ƙungiya mai ƙarfi da lauyoyi ke nan.

Yanzu dawo gida. Na yi shekaru ina rubuta wasan kwaikwayo na rediyo a garin nan, na san mutanen talabijin, na sha shayi da furodusoshin Kano. Ban taɓa ganin an manna takarda ana neman marubucin katun da albashin wata ba. Kujerar da kake son ka je ka zauna a kai ba a sassaƙa ta ba tukuna. Tun da Arewa24 ta fara aiki a 2014 an samu marubutan Hausa da ke cin abinci da shirye-shirye masu dogon zango, har da na barkwanci, amma da 'yan wasa masu jini a jika ake yin su, don ɗaukar mutum a kyamara ya fi zana shi araha nesa ba kusa ba. Katun ɗin da suka yi fice a ƙasar nan kuwa, masu su ne suka gina su da hannunsu. Adamu Waziri ya fara Bino and Fino a Abuja wajen 2010 don yara, ya yi shekaru yana turawa a intanet da faifai. Iwájú da Disney ta fitar a 2024, samarin da suka kafa Kugali, kamfanin da ya yi shi tare da Disney, sun daɗe suna buga labaran zane kafin a neme su. Ba wanda ya je ya tarar da aikin yana jiransa a tasha.

To idan ka sauka Kano gobe da kuɗin mashin a aljihu, me za ka nuna? Kashi huɗu a shafin da ba naka ba, waɗanda sunanka bai fito a kansu ba. Kuɗin mashin zai tafi a haya da abinci kafin wata huɗu, ka koma rubuta wa wani labari a kan "za mu daidaita". Wannan shi ne sakin reshe a kama ganye. Legas kuwa, abin da kake da shi mai tsada ba ya ciwuwa a can. Wa zai yi dariyar "nis sha nawa" a Ikeja? Jarinka yana bakin 'yan kabu-kabun da ke tsayuwa a Dandima, da 'yan tireda na Tsohuwar Kasuwa, da dillalan Kara, da tsofaffin da ke zama gindin darbejiya bayan la'asar suna yanke wa duniya hukunci. Yana kuma cikin ajinka. Yaro ɗan aji uku da ya zo da uzurin da ya sa bai yi aikin gida ba, marubucin barkwanci ne da bai san kansa ba. Kullum ana kawo maka irin wannan kyauta har teburinka, ana kuma biyan ka a ƙarshen wata, ko da ba yawa. Ka sayi ƙaramin littafi ka sa a aljihun gaba. Duk maganar da ta ba ka dariya, rubuta ta yadda aka faɗe ta, da Sakkwatancinta, kada ka daidaita mata zama.

Wani abin da ya kamata ka sani, tun da kai ne mai rubutu: a katun kowace kalma taka gumin wani ce. Zanen hannu da aka saba yakan ci hoto 12 a daƙiƙa ɗaya. Minti ɗaya hoto 720 ke nan. Idan ka rubuta "sai 'yan kabu-kabu hamsin suka taso a guje, ƙura ta turnuƙe", kai daƙiƙa biyar ta ɗauke ka, abokinka kuwa ka kashe masa mako biyu, a wayar da ke ɗaukar zafi cikin Afrilun Sakkwato, ga wuta sai an ga dama. A shafi na huɗu ka yi daidai wannan. Amma dubi fitowar da ta ba mu dariya: raƙumi a tsaye, baki kawai ke motsi, hoto uku ko huɗu ana maimaitawa. Mafi arahar fitowa a rubutunka ita ce mafi daɗi. Wannan ba dace ba ne. Masu wani katun na Amurka mai suna South Park, Trey Parker da Matt Stone, da takarda mai launi da almakashi suka yi gwajinsu na farko suna ɗalibai a 1992, kuma bayan shirin ya kama a 1997 sun shahara da gama kashi ɗaya cikin kwana shida, don zanen ba shi da wahala, maganar ce ke ɗauke da kayan. Ba ina ce maka ka kwaikwayi bakinsu ba, don bakin nan ba ya shiga gidan mutunci. Dabarar nake nuna maka. Ka rubuta abin da mutum ɗaya zai iya zanawa a mako biyu: wuri ɗaya, baki biyu ko uku, minti biyu.

Ka kuma sauya tsarin aikinku. Ku riƙa ɗaukar murya kafin a zana komai. Ka tara mutum huɗu ko biyar waɗanda ba sa jin nauyinka, ka karanta musu, ka sa alama duk inda aka yi shiru. Kada ka tambaye su ko ya yi daɗi, za su ce ya yi. Fuskarsu za ka kalla. Ɗakin marubutanka ke nan, ko da a kan tabarma ne a zauren gidanku.

Sai maganar abokinka, wadda na ga ita ce ta fi ci maka rai ko da ka sa ta a tsakiyar wasiƙa.

Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi, haka kake ji, na sani. Amma kafin ka yanke masa hukunci, lissafa daren da ya kwana yana zane, da datar da ya ƙona wajen ɗorawa. Wataƙila a ransa yana ganin shi ya yi aikin, kai magana kawai ka kawo. Kuskure ne, amma kuskuren da kusan duk mai zane ke yi, kamar yadda kusan duk marubuci ke ganin zane ƙawa ce kawai. Dubu uku cikin talatin ba adalci ba ne. Rashin sunanka kuwa ya fi rashin kuɗin muni, don kuɗin nan ko duka aka ba ka da yanzu sun ƙare, suna kuwa shi za ka nuna wa duk wanda zai ɗauke ka aiki nan da shekara biyar.

Bari in ba ka nawa labarin. Ina saurayi kamar kai na rubuta wa wani mutum wasan rediyo kashi 26. Da hannu, a littafin makaranta, da fitilar ƙwai. Duk lokacin da na ɗauko maganar takarda sai ya dafa kafaɗata ya ce, "Haba, tsakaninmu?" Ranar da aka fara sa wasan ina zaune wurin mai shayi, na ji an karanto sunan wanda ya rubuta. Ba nawa ba ne. Mutanen da ke benci suna ta dariyar maganganun da na rubuta, ni kuwa shayin ya ƙi wucewa. Ban da ko kwafi, don littattafan duka na miƙa masa. Har yau mukan haɗu wurin ɗaurin aure, ya gaishe ni da hannu biyu. Ban ce abokinka irinsa ba ne. Shi ma wancan ban yi zaton irin kansa ba ne.

Saboda haka kafin a zana ko ƙafar raƙumi ɗaya a kashi na biyar, ku zauna. Ba a waya ba, ba kuma gaban majalisa ba. Ka same shi gida, ka tafi da mutum ɗaya da ku duka kuke jin kunyarsa. Ka fara da yaba aikinsa, don ya cancanta. Sannan ku rubuta a takarda: sunan kowa zai fito a farkon kowane kashi, wane ya rubuta, wane ya zana, ku biyu ne ke da mabuɗin shafin, kuɗin talla za a cire na data da caji, a raba saura kaza da kaza, idan an rabu, ga yadda za a yi da raƙumin. Ba dole rabon ya zama rabi da rabi ba. Idan ya ce shi sittin kai arba'in saboda nauyin zane, ni ban ga laifi ba. Kowa ya sa hannu, shaida ya sa, kowa ya riƙe kwafi. Idan ya ce maka "haba, tsakaninmu?", ka tuna masa cewa aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Baƙara, umarni ce da a rubuta bashi a kafa shaidu, kuma tsakanin musulmi 'yan'uwan juna aka saukar da ita.

Doka ma tana bayanka fiye da yadda kake zato. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022 tana kare rubutu tun daga lokacin da aka sa shi a takarda ko a waya, kuma ba a sallama wannan haƙƙi ga wani sai a rubuce. Abin da ba ta karewa shi ne tunanin da ke cikin kai. "Raƙumi mai jin haushin kabu-kabu" kowa na iya ɗauka; shafi shidan da ka rubuta naka ne. Don haka ka adana kowane rubutu, ka riƙa tura wa kanka ta imel don kwanan wata ya zauna a jiki. Idan kuwa ya ƙi zama sam, ka ɗauki muryarka da alƙalaminka ka nemi wani mai zanen. Akwai yara a jami'ar Ɗanfodiyo da kwalejin kimiyya ta Umaru Ali Shinkafi da ke wasa da manhajojin yin katun irin su FlipaClip da Blender, suna neman labarin da za su zana. Amma ina fata ba za a kai nan ba. Kun riga kun san hannun juna, wannan kuwa ba a sayen sa.

Game da kuɗi, kada ka sa rai da YouTube da wuri. Kafin su fara raba kuɗin talla da kai ta hanyar da aka saba, suna son mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Yi lissafi da kanka, kai malami ne: awa 4,000 minti 240,000 ne, wato sai an kalli katun ɗinka mai minti biyu sau 120,000 daga farko har ƙarshe. Mai shagon wayar nan da ya ba da dubu 30 ya fi kusa da kai. Irinsa za ku nema: mai shago, mai makaranta, masu wayar da kai kan rigakafi ko tsafta da ke son saƙo cikin harshen da mutanen karkara za su saurara. Nan ne kuɗin farko ke fitowa.

Baba kuma. Kada ka yi masa gardama, kada kuma ka je masa da fatawar da ka tsinto a TikTok. Maganarsa tana da tushe. Akwai hadisai ingantattu masu tsanani a kan masu surantawa, akwai kuma wanda ya yi gargaɗi ga mai ƙirƙirar ƙarya don ya ba mutane dariya. Malamai sun yi bayani mai yawa a kan iyakar waɗannan, sun kuma saɓa a kan zanen da ba shi da inuwa, da abin da aka yi don yara ko don koyarwa, da labarin da kowa ya san ƙirƙira ne kamar tatsuniyar Gizo. Ni ba malami ba ne, ba zan yanke maka ba. Garin nan ba a rasa malamai ba. Ka tambayi Baba wane malami ya yarda da shi, ku je tare, ka nuna abin da kake yi a wayarka, ka saurara da niyyar bin abin da aka ce, ba da niyyar cin nasara ba. Ka lura kuma cewa kai rubutu kake yi da murya. Ko da hukuncin ya zo da tsauri a kan zane, alƙalaminka bai mutu ba: rediyo na nan, kuma raƙumin nan zai yi magana a rediyo ba tare da an zana ko gashin idonsa ba.

Amma ina zaton rabin damuwar Baba ba ta fiƙihu ba ce. Tsoro yake kada a nuna shi a masallaci a ce ga uban ɗan wasan nan. A idon mutanen zamaninsa mai ban dariya shi ne ɗan kama, mai bin kasuwa da gidan biki. Wannan ba da baki ake gyara shi ba, sai da abin da ya gani. Ka tsare wa kanka iyaka tun yanzu: ba addini, ba malamai, ba batsa, ba kama sunan wani, ba yi wa naƙasa dariya. Ka san garin da kake. Kuma ba ka rasa fili ba, don Bahaushe ya daɗe da tsara wa kansa inda ake wasa ba a ɓata ba: jika da kaka, taubasai, Bagobiri da Bayarabe, Bafillace da Babarbare, ga tashe da azumi. Raƙuminka da ɗan kabu-kabu su zama irin waɗannan abokan wasa, masu tsokanar juna amma idan mashin ya mutu a hanyar Wamakko raƙumin ne zai ja shi. Ranar da ka yi kashin da kake ganin ba abin kunya a ciki, ka ba ƙanwarka wayar ta kai wa Inna. Daga ɗakin Inna zai isa kunnen Baba, ba sai ka kai da kanka ba.

Kawun yarinya kuwa gaskiya ka faɗa masa. Kai malami ne, da shi kake ci, da shi za ka ciyar da 'yarsu. Ita dai yarinyar ka gaya mata komai, har da cewa wasu dararen za ta ji ka a ɗaki kana magana da muryar raƙumi.

Ga abin da nake so ka yi. Ka riƙe alli, ka riƙe mashin. Ka ba kanka shekara ɗaya, ku fitar da kashi goma sababbi da sunanka a jiki, kowanne ya bi ta gaban mutanen tabarmar nan kafin a zana. A gefe ka rubuta cikakken wasa ɗaya na minti 20 da 'yan wasa za su iya yi, don shi ne abin da furodusan Kano zai iya saye. Idan an yi dogon hutu, ka shiga mota ka je Kano na mako biyu da waɗannan a hannu, ka ga mutane, ka dawo. Ranar da abin da rubutu ke kawo maka ya kai albashinka wata shida a jere, rubuto mini, mu sake zama a kan maganar aje koyarwa.

Kashi na biyar kuma ka gyara ka sake turowa kafin a zana. Ka fara shi daga layin mai, ka zubar da shafi biyun farko inda raƙumin ke ba da tarihin kakanninsa da ayarin Agadas. Ajiye su, za su yi kashi na daban. Jikata ƙarama ta ce in tambaye ka abu ɗaya, ni ma ina son in sani: ranar Larabar, a ina ya sha, kuma wa ya biya?

Naka,
Kawu